Muryar Sale a Fim Ɗin Danchuwa

Shekara biyar ke nan da rasuwar abokina Sale, amma yau ba kuka na zo yi ba. Tun makon jiya bakina ya ƙi rufuwa, domin fim ɗin da ya bari an kammala shi.

Sale mutum ne mai taurin kan tsiya, Allah ya jiƙansa. Da kyamarar aro ya fara, yana bin mahauta a Kasuwar Shanu har suka saba da shi suka daina lura da shi. Dokarsa ita ce ba wanda zai kalli fim sai mutanen da ke ciki sun gani sun yarda. Idan suka ƙi, fim ɗin ya mutu ke nan. Na sha ce masa wannan ba sana'a ba ce, neman suruki ne. Yau da kowa ke ɗora waya a fuskar mai kuka ya watsa wa duniya, na san da yana nan da mun sha masifa.

Aikinsa na ƙarshe a kan matan ƙauyen Danchuwa ne da kwarin zaizayar ƙasa ke cinye wa gonaki duk damina. Bai gama ba ciwo ya kwantar da shi. Ƙanwarsa Jummai ce ta koyi haɗa hoto don wannan kawai, ta gama bana. Ta yi yadda ya saba, ta yanke muryarsa duk inda yake tambaya, don shi ba ya son a ji shi.

Saura yardar Iya Adama, tsohuwar da fim ɗin ya tsaya a kanta. Muka kai mata a kwamfuta har zaure. Wallahi idan ta ce a'a, wahalar Jummai ta tashi a banza.

Ta kalla har ƙarshe, sannan ta ce, "Ban yarda ba."

Jummai ta ce, "Iya, me muka ɓata?"

"Kun mai da ni mahaukaciya, ina magana ni kaɗai. Ina yaron da ke tambayata? Shi ya zauna a ƙasa, ya ci tuwona, ya yi min yarenmu na Karai-Karai da bakinsa mai ban dariya. Ku mayar da shi."

Na tuntsire da dariya ina hawaye. Sale, ka gani ko! Kai ka ce maganarsu ce ta ƙarshe, to yau ta hau kanka.

Jummai ta mayar da muryarsa. Ban san ko fim ɗin zai tsayar da kwarin nan ba, ko wani mai iko zai kula. Abin da na sani, mutanen da ya saurara sun ƙi a nuna su ba tare da shi ba. Jiya na sake kallo, na ji shi yana cewa, "Iya, a ina gonar ta tsaya a da?" Sai da na amsa masa.