Ni Kaɗai a Gurbin Mata Ashirin

Daga Gumel zuwa Kano

Kafin kiran assalatu mota Fijo ta tsaya a ƙofar gidanmu, ni kuwa har lokacin ban huce ba. Habibu, ɗan yayana Alhaji Sule, ya gama karatu a jami'ar Madina, zai auri wata yarinya haifaffiyar can mai suna Maryam, ya taho da ita gida. Da farko mu ashirin ne mata za mu je, har saƙo an aika masa da hakan. Ana saura wata guda Yaya ya tara mu ya ce mutum uku ne za su tafi.

Na ce, "Yaya, uku fa ka ce?"

Ya ce, "Ni, da Malam Isa, da ke. Ɗaurin aure ai waliyyi ne da shaidu. Mu kwashi gari guda mu jibge wa mutane a ƙasar da ba tasu ba? Ai da kunya."

Uwar ango ma ba ta ciki, don Habibu ɗan fari ne, ko sunansa ba ta faɗi. Matan da aka soke ba su yi musu ba, amma da asubar nan sai ga su ɗaya bayan ɗaya, kowace da ƙullinta: daddawa, kuka, busasshiyar kuɓewa, yaji, zane, tasa. Kowace sai ta riƙe hannuna ta ce, "Asabe, ki ce daga ni ne." Na zuba su a buhu ina mita, don ni za su karya wa baya. Hantsi bai yi ba muka shiga Kano.

Jidda

Ban taɓa hawa jirgi ba, saboda haka abin da zan iya faɗi shi ne na yi salati tun daga Kano har Jidda, kuma ban taɓa abincinsu ba. Muna sauka bayan azahar wani jami'in kwastan ya kwance ƙullin daddawar Inna Talle. Ya ja da baya ya toshe hanci.

"Esh hada?"

Na ce, "Abinci ne, ɗan nan!" Malam Isa, aminin Yaya mai ɗan Larabci, ya yi ta bayani har da nunin tuƙin miya. Mutumin ya dube mu ya dubi buhun, ya yi mana alamar mu kwashe mu ba shi wuri.

Habibu na jiranmu a waje. Ya durƙusa ya gaishe da ubansa, sannan ya miƙe yana leƙen bayanmu.

"Gwaggo, sauran fa?"

"Waɗanne sauran?"

Wallahi na ga gumi ya keto masa. Ashe Yaya ya ba wani alhaji saƙon ragewar, shi kuwa bai isar ba. Surukan Habibu mata ashirin suke jira.

Hanyar Madina

Mun kwana a gidan wani Bahaushen Cadi mai sayar da tasbaha, wanda ya ƙi karɓar ko sisi. Bayan sallar asuba muka shiga wata doguwar mota ta haya, riyal talatin kowa, buhuna kuma aka caje shi kuɗin mutum guda. Tafiyar ta fi kilomita ɗari huɗu, babu komai sai duwatsu baƙaƙe da rana. A Badar muka tsaya muka ci gurasar tamis da wake. Habibu bai ci ba.

Na ja shi gefe na ce, "Kai, gaya mini gaskiya, mene ne?"

Ya ce, "Gwaggo, uwar Maryam da ƙyar ta yarda. 'Yarta ba ta taɓa ganin Najeriya ba. Abin da ya kwantar mata da hankali shi ne da ta ji dangina mata za su zo su karɓe ta da hannunsu."

Daf da gari 'yan sanda suka duba fasfo, suka ce mu wuce. Da na hango hasumiyoyin Masallacin Annabi na yi kuka, amma ko a cikin kukan maganar yaron nan tana raina.

Al-Awali

Mun sauka a ɗakin Habibu a unguwar Harra ta Gabas. Washegari aka ɗaura aure a masallaci, maza suka yi ta murnarsu, Yaya har da cewa, "Kin gani? Komai ya tafi daidai." Bayan la'asar aka kai ni Al-Awali, wata gonar dabino mai katanga inda uban amarya yake aiki, can ne taron mata.

Ina shiga na daskare. Innalillahi! Mata ne cike da fili, 'yan Sudan, 'yan Cadi, Larabawa maƙwabta, ga turare ya turnuƙe. A gaba kuma, wuri mafi kyau, an shimfiɗa darduma ja, an jera matasai ashirin na jingina, gaban kowanne da faranti da kofin gahawa. Ba kowa a kai. Ana ganina aka rangaɗa guɗa, duk idanu suka koma ƙofa ana jiran sauran. Ƙofar ta rufe. Guɗar ta mutu.

Oh ni Asabe! Na taka na zauna a tsakiyar matasan nan kamar kaza ɗaya a akurki.

Uwar amarya, Hajja Halima, ta zo ta tsaya a kaina. Doguwar mace ce, haifaffiyar Sudan, Hausarta a gauraye da Larabci.

"Ahlan. Ina uwar ango?"

Na ce, "Hajiya, ɗan fari ne. A wajenmu kunya ce."

"Tayyib. 'Yan'uwansa mata? Innoninsa?"

Na dubi matasan da ba kowa a kai.

Ta ce, "Ya ukhti, ni ba yarinya ba ce. Dangin da ke son amarya suna zuwa. An ɗaura, na ji. Amma 'yata ba za ta hau jirgi zuwa gidan da ba a son ta ba. Ya zauna da ita nan, ko ya tafi shi kaɗai."

A gaban kowa ta faɗa. Maryam na gefe a lulluɓe, kafaɗunta na rawa. Raina ya ɓaci, ba da matar nan ba, don da ni ce haka zan yi. Da Yaya na kusa da na manta girmansa.

Na ce a miƙo mini buhuna, wanda da na yi niyyar ba su a ɓoye bayan taro. Na kwance bakinsa, na ciro ƙulli na farko na ɗora kan matashi.

"Wannan Inna Talle ce, kakar ango. Da hannunta ta yi daddawar nan, ta ce ita za ta koya wa amarya miyar kuka."

Na ɗora na biyu. "Wannan Ladi ce, ƙanwarsa. Ta share ɗakin amarya, ta yi masa daɓe. Ta yi kuka da aka ce ba za ta zo ba."

Haka na bi matasan nan, ina kiran suna ina faɗin abin da kowace ta ce. Na ƙarshe zanen saƙi ne, tsoho, a nannaɗe.

"Wannan uwarsa ce. Da shi ta goya shi. Ba ta ce komai ba, ta dai sa mini a hannu."

Hajja Halima ta durƙusa ta ɗauki zanen ta daɗe tana kallo. Sannan ta kwance daddawar ta sansana, wadda ta kori ɗan kwastan. Sai hawaye.

"Rabona da wannan tun uwata na da rai."

Ta kamo hannun Maryam ta sa a nawa. "Ki rantse mini suna nan."

Na ce, "Wallahi suna nan."

Komawa gida

Bayan mako guda muka yi Umra, muka taso da amarya. Tun daga Jidda ban runtsa ba, don na yi rantsuwa a garin Annabi a kan mutanen da aka ɓata wa rai. Idan fushi ya hana su fitowa fa? Yaya kuwa tunda na ba shi labari bai ƙara yarda mun haɗa ido ba.

Muna fitowa daga filin jirgin Kano na ji guɗa. Ashe matan gidanmu motar itace suka yi shata tun daga Gumel, su duka, cikin ankon da suka ɗinka ba su sa ba. Maryam, wadda tun Madina da Larabci take amsa mini, ta saki hannuna ta nufi wata 'yar tsohuwa da ke gaba.

Ta ce da Hausa, "Ke ce Inna Talle?"

Tsohuwar ta rungume ta. Can baya uwar ango ta juya fuska tana share ido da bakin mayafi, wai ita ba ta gani ba.

Mun isa Gumel kafin magariba. Na gode wa Allah da ya kai mu ya dawo da mu, na gode wa Hajja Halima da ta ba mu 'yarta, na kuma gode wa matan gidanmu da ba su bar ni na yi kaffara ba.