Bayan Maigidana a Majigin Rake

Shekarar da motoci suka koma bin hannun dama, kafin babban farin da ya cinye shanun Fulani, ina amarya a Likoro, wasu mutanen Kaduna suka zo da na'urar ɗaukar majigi wurin da ake dafa mazarƙwaila. Maigidana ne ke korar dokin da ke juya injin matse rake. Ya dawo gida yana taƙama, wai an ɗauke shi. Ban taɓa ganin abin ba. Shi kuwa har ya koma ga Allah bai sake tsayawa gaban mai hoto ba.

Ni ba mantuwa gare ni ba, ku tambaya. Na san wanda ya haifi kowa daga nan har Kudan. Amma fuskarsa ta soma ɓace mini. Muryar na nan, tarin na nan, fuskar ce in na kamo goshi sai haɓa ta kuɓuce.

Bara da kaka sai ga wata mata, aikinta tono tsofaffin hotunan majigi tana ba masu shirin talabijin. Ta samo na raken nan, tana neman wanda zai gaya mata wuri da mutane. Duk wanda ta tambaya a Makarfi, gidana ya nuna mata.

Ta buɗe kwamfuta a kan tabarmata. Na ce, "'Yar nan, bari in ɗauko tabarau, kada angona ya wuce ban gaishe shi ba."

Ta yi dariya. "Hajiya, in ya wuce sai in dawo miki da shi."

Ga kaskon ruwan rake yana tafasa. Ga dokin, jan nan mai cizo. Ga maigidana, da rigar da na ɗinke wa kafaɗa da baƙin zare don farin ya ƙare. Ya soma juyowa. Sai ga mahaifina ya shigo da sandarsa, ashe ranar ya zo kallo. Wa ke tsayawa ƙerere gaban surukinsa? Maigidana ya saki linzami, ya tuɓe takalmi, ya durƙusa, kai a ƙasa, baya ga na'ura. Bai ɗago ba har hoton ya koma kan tururi.

"Mayar."

Ta mayar. Sau nawa, ban sani ba. Kowane karo ya kusa juyowa, Baba ya shigo.

"Babu saura?"

"Iyakar abin da ya tsira ke nan, Hajiya. Sauran, zafi ya narkar da shi." Ta ɗauko biro. "Me zan rubuta a kansa?"

Na ce ta rubuta mai ladabi ne. Sunan kuwa na aike ta wurin ƙaninsa, bakina bai taɓa kamawa ba.

Cikin waɗanda suka ga fuskar nan a shekarar, saura ni, da ƙanin nasa da ke garin Taba, da mai juya kaskon, wanda ya makance.