Tafin da Aka Hana Firmin Lagarde

Kowa a Faransa ya san fuskar Firmin Lagarde, amma ka tsayar da mutum ka tambaye shi sunansa, sai ya hau sosa ƙeya. Fiye da shekara hamsin ya yi yana fitowa a fim da wasan dandali: yau mai gadi, gobe ɗan sanda, jibi bawan da zai shigo da wasiƙa ya fita. An kashe shi a fim har ya gaji da mutuwa. Yakan ce da ni, cikin raha, babu ƙasan dandali a Paris da bayansa bai sani ba.

Tare muka tsufa a sana'ar, ni ina fitowa a matsayin gwaggo ko mai gidan haya. Abu ɗaya na san Firmin da shi. Ko a farkon wasa aka gama da shi, ba ya tuɓe kaya ya tafi gida kamar sauran. Zai zauna bayan labule da ɗan burodinsa da cuku, ya jira har ƙarshe, don ya fito a jeri ya rusuna wa masu kallo. Can gefe ake ajiye shi, kusa da labule, bai taɓa ƙorafi ba. A ganinsa, wanda ya karɓi tafi bai rusuna ba, ba shi da tarbiyya.

Da gwiwoyinsa suka ƙi, ya sanar cewa wasan yammacin wata Lahadi shi ne na ƙarshe. Matarsa Odile ta sa ya sayi sabon takalmi, ta zauna a layin gaba da furanni.

Mai shirya wasan wani matashi ne, Thibault, mai yawo da gyale a wuya ko ana zafi. Ranar ce ya ga dama ya kawo sabon salo, wai a ƙarshe jarumar wasan ita kaɗai za ta tsaya cikin haske ta rusuna, sauran kada wanda ya leƙo. Na same shi, na ce masa dattijon nan yau yake ajiye aiki. Ya dafa kafaɗata kamar ni ce yarinya.

"Madam, ai wasan ba na Baba Firmin ba ne. Za mu sha wani abu da shi daga baya."

Ko shan ba a yi ba. Firmin yana tsaye bayan labule, ya gyara kwalarsa, ƙafa ɗaya gaba, har aka kunna fitilun zauren kallo, jama'a suka fara tashi. Sannan ya je ya tuɓe kayan, ya rataye su da kyau, ya gode wa kowa. Wannan godiyar ce ta fi ƙona mini rai, har yau.

Bai kai bazara ba ya rasu. Al'adarmu ce idan aka fito da akwatin gawar ɗan wasa daga coci, a raka shi da tafi. Sai ga Thibault a sahun gaba, da baƙin tabarau, ya juyo daidai inda masu ɗaukar hoto suke. Shi ya fara tafawa, da ƙarfi kuwa, jarumar tana gefensa tana goge idon da babu hawaye. Ni na cusa hannuwana cikin aljihu, don ban yarda da abin da za su yi ba in na sake su.

Odile ta sauko daga matakalar cocin a hankali, ta tsaya gabansa. Ba ta ɗaga murya ba.

"Ku bari haka, Thibault. Kunya za ku sa shi. Yanzu ba ya iya rusunawa."

Tafin ya mutu a hannunsa. Aka saka Firmin a mota shiru, sanye da sabon takalminsa.