"Na Ji" Irin Ta Kawu Sule

Yau shekara talatin da rasuwar kawuna, Malam Sule, Allah Ya jiƙansa. Na kuma yarda in faɗa a gaban jama'a cewa akwai wata huɗu cur da na yi ba na gaishe shi sai a daƙile.

A shekarun 1950 shi ne babba a ofishin malaman dabbobi na Wudil, masu yi wa shanu allura da duba su a kara ranar Juma'a. Ni ɗan ƙanwarsa ne, shekarata uku a ƙarƙashinsa. Da gurbin mataimakinsa ya samu, sai ya ba ni. Muƙamin da keke yake zuwa, sabo fil, kuma a Wudil ta wancan zamani mai keke ba ƙaramin mutum ba ne.

Amma akwai Malam Ɗanjuma na Kausani, wanda ya shekara goma sha biyu yana shan harbin shanu kafin in san yadda ake riƙe sirinji. Bai yi hayaniya ba, ya kai ƙara. Alƙali ya sa aka kawo littafin ɗaukar aiki, ya duba, ya ce a ba Ɗanjuma matsayinsa kafin kasuwa mai zuwa ta ci. Kawu ya sunkuyar da kai ya ce, "Allah gafarta Malam, na ji."

Wallahi a bakin kotu har hannu aka riƙa ba ni. Kowa ya san "na ji" ta manya: a ajiye takarda ƙarƙashin tabarma, yau a ce babba ya tafi rangadi, gobe a ce ana jiran amsa daga sama, har mai ƙara ya gaji ya bar wa Allah. Na hau kekena na tafi gida ina kaɗa ƙararrawa.

Washegari da hantsi sai ga Kawu a zaure. "Fito da keken nan," in ji shi.

Na ce, "Haba Kawu, ai 'na ji' ka ce, ba ka ce 'na yi' ba."

Ya dube ni ya ce, "Kai, ɗan nan! Da kunnena alƙali ya yi magana ko da ni? Kuskure na yi, son kai ya ja ni, an kuwa faɗa mini. Tura mu je."

Bai bar ni na hau ba, don a cewarsa tun jiya keken ya zama na wani. Haka na tura shi har Kausani, shi yana gaba, manoma suna ɗago kai daga kunya suna kallonmu. Da Ɗanjuma ya fito ya gan mu, sai ya riƙe ƙyauren zaure yana kallon keken. Daga baya ya gaya mini ya riga ya yanke shawarar barin aiki ranar Juma'ar nan, don bai taɓa zaton za a bi hukuncin ba.

Innata ta yi fushi da yayanta, ta ce naka sai naka. Ya amsa mata da cewa in kunne ya ji, jiki ya tsira.

Yanzu nakan karanta a jarida an ce kotu ta umarci a ƙara wa wane girma, a yi biris, a sake komawa kotu kan raina umarninta, har mutum ya yi ritaya da takardar hukunci a aljihu. Nakan ce, da Kawu na nan me zai ce? Ina jin ba zai yi dogon wa'azi ba, tambaya zai yi: ina keken yake, me ya hana a tura?

Ni ma rana ta zo mini. Bayan na zama shugaba, kotu ta soke wani ƙarin girma da na yi, magatakardana ya matso ya ce, "Ranka ya daɗe, a rubuta musu an ji?" Nan take na ji zafin hanyar Kausani a tafin ƙafata. Na sa hannu a takardar bin hukuncin kafin Azahar.

Kawu bai bar gidan sama ba, bai bar garke ba. Ranar jana'izarsa Ɗanjuma, ya tsufa tukuf, ya zo a kan keken nan, ya roƙi a bar shi ya shiga kabari ya karɓe shi, aka bar shi. Ni kuwa da na yi wata huɗu ina gaba da shi, na tsaya a bakin kabarin ina miƙa itace.

Kawu, na makara, amma yau ga amsata: na ji.