Tabarmar Da Ta Kai Baba Mai Yanka Bakin Teku

Ka taɓa cika bas da mutane saboda mutum ɗaya, alhali shi mutumin ya riga ya ce ba inda za shi? Mu mun yi, kuma ko gobe aka ce a sake, ni ne zan fara rubuta sunana.

Shagonmu na ɗinkin tamfol ne: rumfuna, labulen shaguna, rigar mota, da manyan lemomin da ake kafawa a wuraren shaƙatawa. Kekunan ɗinki tara ne jere a jikin bango, sai dogon teburin yanka a tsakiya, wanda gefensa ɗaya ya yi sumul saboda gogar cikin mutum ɗaya shekara da shekaru. Mutumin shi ne Baba Mai Yanka. Duk wanda ke taka keke a shagon ta hannunsa ya biyo, har da ni da ya laƙaba wa Gaggawa, wai ina gama magana kafin in fara tunani. Baba ba ya faɗa. In ka kawo masa ɗinki a karkace, sai ya ɗaga shi ya duba ta hasken taga ya ce, "Wannan na mai tafiya a gicciye ne?" Sai ka karɓi abinka sum-sum ka koma ka farke.

Akwai wani wurin shaƙatawa a bakin teku da muke yi wa rumfuna masu ratsin fari da shuɗi. Kusan duka Baba ne ya yanka su. Duk shekara sukan dawo mana da waɗanda gishiri ya ci a sake musu, kuma in ya farke kalmasar tsofaffin har yashi kan zubo masa a tebur. Ya san yadda iskar teku ke cin zare da inda take fara yaga, amma tekun kansa bai taɓa sa shi a ido ba, duk da tafiyar ba ta kai rabin yini a mota ba. Kullum maganarsa ɗaya ce, "In aiki ya yi sauƙi." Aiki bai yi sauƙi ba har ranar da tef ɗin awo ya suɓuce daga hannunsa na hagu, ɓarin jikinsa ya shanye.

Ya tashi daga ciwon, bakinsa ya dawo, hannun dama na aiki, sai dai tafiya ta koma ta keken guragu. Abin da ya fi ciwon kwantar da shi kuwa a ƙofar gidansa ya faru, ranar da aka sallamo shi. Matarsa, wadda duk muke kira Inna, ita ta ba ni labari. Ƙarti huɗu suka cicciɓe shi daga mota a gaban maƙwabta, wani na cewa "riƙe ta can," wani na cewa "kai, tsohon nan da nauyi yake." Da alheri suka yi. Amma tun daga ranar Baba bai sake leƙa ko zaure ba.

Ni na kawo maganar tafiyar a shago lokacin shan shayi. Na ce mu ɗauki bas ranar hutu, da mu da iyalanmu, mu je mu ga inda rumfunanmu suke tsufa, mu tafi da Baba. Kafin shayin ya huce na ƙirga kai talatin da ɗaya. Dogo, wanda ke ɗinka mana manyan rumfuna, ya ce, "To shi mai gayya ka tambaye shi?"

Na tambaye shi da yammacin ranar. Na same shi a ɗaki ya juya wa taga baya, rediyo na ta surutu ba mai saurare. Na zube masa tsarin duka: kujeru, ruwan sha, inda za a tsaya a huta.

"Ka gama?" ya ce.

"Na gama, Baba."

"Wa zai hau da ni bas ɗin?"

"Ai ga mu nan, ƙarti har tara."

"Na sani ai. Buhu ma in ya samu ƙarti tara yana zuwa teku." Ya rage muryar rediyo. "Gaggawa, ni ba za a sake cicciɓa ta ba, sai ranar da ba ni da bakin hanawa. Ku je lafiya."

Inna ta rako ni zaure tana cewa in yi haƙuri. Ni kuwa murna nake, don a kunnena ba ƙi ya yi ba, sharaɗi ya gindaya. Sharaɗi kuma ana iya auna shi. A hanya na lissafa wuraren da dole ƙafar kekensa ta rabu da ƙasa, na samu uku: dokin ƙofar gidansa, matakalar bas, da yashin bakin teku, inda aka ce taya na nutsewa.

Na farko kafintan da ke maƙwabtaka da mu ya gama da shi cikin yini guda, gangaren katako mai faɗin keke da ɗan rara. Na biyu ya ci mini takalmi. Bas biyar na duba da tef a wuya, direbobi na yi mini kallon mai taɓin hankali. Huɗu ƙofofinsu sun yi ƙunci. Ta biyar tana da faffaɗar ƙofa a tsakiya, direbanta kuma mutum ne mai sauƙin kai. Da na gaya masa dalili, ya ce, "Mahaifina ma haka ya yi fama. Kujeru biyun nan na bakin ƙofa, noti huɗu ne, zan kwance su." Kafinta ya sake yin wani gangaren, dogo, mai naɗewa biyu, don kada hawan ya yi tsaye.

Saura yashi. Nan sana'armu ta yi rana. Muka tattara ragowar tamfol na shekaru da ke jibge a bayan shago, muka shirya ɗinka doguwar tabarma mai aljihuna a gicciye, a zura siraran katako a ciki, yadda za a naɗe ta a shimfiɗa, taya ta bi ta kai ba ta nutse ba. Abin da ya rage a san tsawo. Ranar da aka tashi kai wa wurin shaƙatawar sababbin rumfuna, na bi motar. Muka isa da sassafe, na kafa tef daga ƙarshen daɓen siminti zuwa inda ruwa ke lasar yashi. Yadi talatin da takwas. Na ƙara biyu na kalmasa kamar yadda aka koya mana, arba'in cif. Ko minti goma ban yi ina kallon tekun ba, na juyo da lambata ina jin daɗi.

Muka ɗinka. Kowa ya ba da awa guda bayan tashi daga aiki. Tabarmar ta fito kala-kala, ja nan, kore can, kamar an haɗa rigunan motocin gari duka, amma ba ƙyalle ɗaya da ya rage a bayan shago.

Sai Dogo ya je kai ragowar rumfunan, ya isa da tsakar rana, shi ma ya auna don ya tabbatar. Ya dawo ya tsaya a kaina.

"Gaggawa, da tef ka auna ko da ido?"

"Da me ka ga na saba awo?"

"Sittin da huɗu ne."

"Tef ɗinka ya sha wanki ya ƙanƙance."

"Naka ne dai ya miƙe don sauri."

Muka shimfiɗa tef biyu a teburin yanka, kai da kai, suka zo daidai. Shago ya rabu biyu, har da masu cewa ɗayanmu wani tekun ya je. Daga ƙarshe na kira maigadin wurin a waya, na sa kowa na ji. Mutumin ya yi dariya har da tari. Ya ce duk mun yi gaskiya, ruwan ne ke matsowa ya kuma ja da baya, kullum, tun da aka halicce shi. Mu da muka saba da yadi, inda ka ajiye shi nan za ka same shi, ba wanda ya kawo a ransa cewa abin da ake aunawa zai iya tashi ya yi tafiyarsa. Na tambaye shi ranar tafiyarmu fa? Ya ce ranar da sassafe zai matso ya ja da baya kafin mu iso, ba zai dawo ba sai mun kama hanyar gida. Ranar kuma ba ta canzuwa, ita kaɗai shago ke rufewa kuma bas ɗin ke da sarari.

Na je gidan Baba don in gaya masa gaskiya, tunda Inna ta riga ta fara tsegunta masa abin da muke ƙullawa. Na ce biyu sun yiwu, na uku ya gagara, tabarma ta gaza kuma tamfol ya ƙare, za mu iya kai shi inda zai hango ruwa amma ba inda zai taɓa ba.

Sai ya ce, "Gutsure nawa kuka yi ta?"

"Ɗaya ce, Baba, doguwa."

"Ɗaya." Ya girgiza kai. "Keken nan da nake kai, yadi nawa ne tsawonsa?"

"Bai kai biyu ba."

"To wadda na riga na wuce ta, zaman me take yi a bayana? Gadin sawuna?"

Bai jira amsata ba.

"A raba ta uku. Ina kan ɗaya, ɗaya na gabana, ku naɗo ta baya ku kai gaba. Ko tekun ya gudu ƙasar waje sai mun cim masa." Ya nuna ni da yatsa. "Kuma kada wanda ya sa mata almakashi a cikinku. Za ku yanke mini aljihu a tsakiya. Ku kawo ta nan."

Tabarma mai yadi arba'in ba ta shimfiɗuwa a ɗaki, ba ta shimfiɗuwa a tsakar gida. Sai a titi. Washegari muka baje ta a ƙofar gidansa, muka tsaya muna kallon zaure. Sai ga shi, Inna na tura shi, ya gangaro ta kan katakon kafinta ba wanda ya ɗaga shi. Maƙwabta suka fara taruwa da "sannu Baba, ya jiki," bai ko ɗaga kai ba, yana ta ba da umarni. Dogo ya ja, ni na danne, ya shata da alli, ya yanka da hannun dama, a hankali amma a miƙe. Inna ta koma zaure da sauri wai ta bar abu a wuta.

Muka yi gwaji sau biyu a wani fili da ake gini, inda aka baza yashi. A na farko masu naɗo ta baya suka yi karo da masu shimfiɗa ta gaba, Baba ya ce bai taɓa ganin mutanen da ke ɓata a hanya mai yadi goma sha uku ba. A na biyu muka raba aiki, bibbiyu ga kowane gutsure, abin ya tafi kamar ɗinkin kalmasa.

Ranar tafiya mutum talatin da uku suka shiga bas, Baba na farko, ta gangarensa, aka ɗaure kekensa da ɗamarar tamfol da muka ɗinka don haka. Da muka isa, ruwan ya ja baya fiye da yadda Dogo ya gani, yana can yana ƙyalli kamar ba da shi ake ba. Muka shimfiɗa, muka naɗe, muka sake shimfiɗawa. Baƙin da ke zaune ƙarƙashin rumfuna suka taso kallo, wasu ma suka tuɓe takalma suka kama mana naɗi ba tare da an roƙe su ba. Na yi niyyar ƙirga sau nawa muka juya, amma na ɓata lissafi a tsakiya, abin da ban saba ba.

A gutsuren ƙarshe yashi ya jiƙe. Inna ta durƙusa ta cire masa takalma, ta sauke ƙafafunsa biyu daga matakin keken. Igiyar ruwa ta zo ta rufe su har idon sawu ta koma. Baba ya ja numfashi.

"Da sanyi," ya ce.

"Wace ƙafar ce ta ji?" Inna ta tambaya da sauri.

"Ke, bar ni da tambayar likita." Bai ɗauke ido daga ruwan ba. "Gaggawa, a ƙara matsawa gaba kaɗan."

Yanzu yakan zo shago sau biyu a mako, ya zauna a bakin tebur yana duba yankan Dogo. Tabarmar kuma an riga an are ta sau uku.

In akwai wani naka da ya daina fita, kada ka tsaya lallashi. Je ka tambaye shi takamaimai abin da ba ya so a yi masa, ka lissafa wuraren da abin zai taso tsakanin ɗakinsa da inda za ku, ka bi su ɗaya bayan ɗaya. Samu bas mai faɗin ƙofa, tara mutanenka, ku sa rana. In kuma teku za ku, don Allah ka auna da safe ka sake aunawa da rana. Gwada ka gani.