Ranar da aka sallami Baffana

Baffana, ƙanen mahaifina, mahauci ne a Dungas. Tun ina lakwal, wato makarantar boko, nake ganin rumfarsa cike da mutane ran kasuwa. Wata shekara bayan girbi ya sayi sa wajen wasu mutum biyu, ya yanka, ya sayar. Kwana uku bayan haka jandarmomi suka zo da wani makiyayi da aka sace wa shanu, aka nuna masa fatar, ya ga shaidarsa a cinya. Aka tafi da Baffa.

Ya yi wata takwas a kaso kafin a ba shi beli, bisa sharaɗin kada ya ƙetare iyaka, kuma duk ranar da aka kira shi ya zo. Ni kaɗai ke jin Faransanci a gidanmu, ina koyarwa a Waca, don haka rakiyarsa ta zama tawa. In sammaci ya zo sai in nemi izinin darekta, in hau kabu-kabu zuwa Dungas, mu shiga motar haya zuwa kotu.

Shekara bakwai muna wannan zirga-zirga. Mu zauna kan benci tun hantsi, a kira sunansa, ya miƙe ya cire hula, a ce an ɗage. Wata rana alƙali ya yi tafiya, wata rana shaida bai zo ba. Mutanen da suka sayar masa da san tuni sun gudu Najeriya. Da aka canza wa alƙalin farko wurin aiki, sai da aka shekara ba a ga dosiyensa, wato takardun shari'arsa, ba. Na sha tsayawa gaban magatakarda ina jero Faransancin da nake taƙama da shi a aji, ya saurare ni da mutunci, ya ce mu ƙara haƙuri.

A Dungas babu wanda ya taɓa kiransa ɓarawo a gabansa. Mutane dai sun riƙa gaishe shi su wuce rumfar gaba, har ya daina yanka. Cikin waɗannan shekaru idonsa na dama ya fara yin yana. Lokotoro, wato likita, ya ce a kai shi Kano a yi masa aiki. Na rubuta takardar neman izini sau biyu, ba amsa. Yayana ya ce a bi da shi ta daji kamar kowa, Baffa ya ƙi, wai in ya ƙetare za a ce gudu ya yi. Idon ya rufe.

Ranar ƙarshe da damina ce, ba mu sa rai da komai ba. Sabon alƙali ne, saurayi, bai girme ni ba. Ya buɗe dosiyen, ya tambayi ina mai ƙara, aka ce ya rasu bara waccan. Ya tambayi shaidu, babu ko ɗaya. Ya juya takardu kaɗan, ya yi magana da na kusa da shi, sannan ya ce tunda babu hujjar ci gaba da shari'a, an sallami wanda ake tuhuma. Aka kira suna na gaba.

Baffa na tsaye da hularsa a hannu. Na ja shi waje na faɗa masa an gama, ba za mu sake dawowa ba. Ya juyo da lafiyayyen idonsa gare ni.

"Ya ce ban yi sata ba?"

Na ce masa alƙali ya ce babu hujja.

"Ba shi na tambaye ka ba, ɗana. Ya ce ban yi ba?"

Na so in ce e, bakina ya kasa. Na ce, "Baffa, bai faɗi haka ba."

Ya roƙe ni in koma in ce a bar shi ya yi bayani, don tun da aka fara babu alƙalin da ya ji daga bakinsa yadda ya sayi san nan, da waɗanda ke wurin. Na koma. Mai gadin ƙofa ya ce shari'ar ta ƙare, ba a magana kan abin da ya ƙare.

Bayan wata guda na karɓo takardar hukuncin. Baffa ya sa aka tara mutane a ƙofar mai gari, na karanta na fassara. Mutum tara suka zo, yawancinsu danginmu. Wani tsoho ya tambaya ko ma'anarta an yafe masa ke nan, na yi ta bayani har na ga ba a bina. Aka yi addu'a aka watse.

Bai koma fawa ba. Wani ya daɗe da kama rumfar. Wake yake ɗan nomawa a bayan gari, matarsa na kai masa ruwa. In na zo hutu nakan same shi a can, in karɓi hauyar in yi masa kunya biyu ko uku, yana zaune gindin gawo yana tambayata labarin 'yan ajina.