Kwaɗo a Ƙofar Baba Tanimu

Wata rana wani saurayi ya sauko daga motar shanu a wani birni na bakin teku. Jibo sunansa. Ba takarda, ba ɗan'uwa, ko yaren garin ba ya ji.

Aka nuna masa gidan Baba Tanimu, fatoman da ke sauke baƙi a zango. Baba bai tambaye shi komai ba. Tabarma ya shimfiɗa masa a zaure, ya tura masa kwanon tuwo.

Daga tallan fatu Jibo ya buɗe shago, daga shago sai kamfani. Ya zama ɗan ƙasa, ya tsaya zaɓe, ya shiga majalisar ƙasa. Jibo ya koma Honarabul.

To, kun dai san ɗan Adam.

'Yan adawa suka sa shi gaba da gori: baƙo ne, ɗan ci-rani ne. Abin ya yi ta cin sa a rai. Don ya nuna ya fi ɗan gari kishin gari, shi da kansa ya kawo doka: duk wanda ya sauke baƙo marar takarda, a rufe gidansa.

Aka yi ta tafa masa. Doka ta zauna.

Gidan farko da aka garƙame da kwaɗo a zango, na Baba Tanimu ne. Samarin da ke zauren suka koma kwana a tasha, ga damina ta kankama.

Ranar da Honarabul ke ganawa da mutanen mazaɓarsa, sai ga tsoho Baba Tanimu ya shigo yana dogara sanda. Ya tsaya gaban Jibo, ya ce:

"Ranka ya daɗe, kaina na kawo. Akwai wani baƙo marar takarda da na taɓa saukewa, an manta ba a hukunta ni a kansa ba."

"Haba Baba, don Allah rufa min asiri. Taho gidana, ɗaki na nan."

"Ni ina da 'ya'ya, Jibo. Yaran da ke tasha fa? Za ka sauke su?"

Jibo ya buɗe baki zai ce to.

Sai ya tuna: in ya sauke su, nasa gidan za a rufe. Da dokarsa.

Wallahi kunyar da ta kama shi, ya gwammace ƙasa ta tsage ya shige. Ya cire hula, ya rasa inda zai sa idonsa. Baba ya juya ya fita, ko zama bai yi ba.

Tun ranar Jibo yake faman a soke dokar, amma waɗanda suka tafa masa sun ƙi. Kwaɗon na nan rataye a ƙofar zauren. In hanya ta biyo da shi zango, sai ya ce wa direba su zagaya ta baya.

Darasi: Gori ba ya kisa. Kada don a daina kiran ka baƙo ka rufe wa na bayanka ƙofar da ka shigo ta cikinta.

Tura wa duk wanda ya taɓa cin tuwon gidan da ba nasu ba.